Ƙofar da aka gyara sau uku: nazarin sauya firam a wani gida a Anguwar Rogo, Jos

Gidan da wannan nazari ya shafa yana Anguwar Rogo a cikin garin Jos. Ginin bulo da siminti ne mai ɗaki uku da falo, kuma na gwaggona ne, wadda take zaune a cikinsa da jikokinta biyu tun bayan rasuwar maigidanta. Ƙofar da ake magana a kanta ita ce wadda ake fita ta cikinta daga falo zuwa tsakar gida. Ƙyauren katako ne mai nauyi irin na da, wanda aka harhaɗa da alluna, faɗinsa ƙafa 3 tsayinsa ƙafa 7, wato kusan santimita 90 da santimita 210, ma'aunin da aka fi sani a ƙofofin gidajenmu. Ni aka ɗora wa alhakin kula da gyaran, saboda haka duk abin da zan bayyana a nan a gabana aka yi shi, kuma da hannuna a cikin wasu kurakuran da suka jawo aikin ya daɗe bai yi kyau ba.

Koken gwaggo iri biyu ne, kuma kowanne da lokacinsa. Idan damina ta yi nisa, musamman a watan Yuli da Agusta, ƙofar takan cije ta ƙi rufuwa sai an sa kafaɗa, gindinta yana jan ƙasa har ya zana rabin da'ira a kan daɓen falo. Idan kuma hunturu ya shigo, sai ta saki, a sami ratar da yatsa zai shige tsakaninta da firam, wato katakon da ke zagaye da ƙyaure a jikin bango, harshen kuba ya daina kai wa raminsa, iska mai sanyi ta riƙa kwararowa cikin falo tun daga magariba. Wanda ya san sanyin Jos a watan Disamba da Janairu ya san cewa wannan ba ƙaramar damuwa ba ce ga tsohuwa mai ciwon gwiwa. Ta kai ga sai an cusa tsumma a ratar, a jingina turmi a bayan ƙofar, sannan a kwanta.

Wani ɓangare na wannan hali ɗabi'ar katako ce, kuma dole a fahimce shi kafin a yi hukunci a kan sauran. Jos tana kan tudu mai tsayin kusan mita 1,200, tana samun ruwan sama kusan milimita 1,400 a shekara, mafi yawansa tsakanin Afrilu da Oktoba, sannan sai a shiga watannin da iskar hunturu ke busar da komai ƙayau. Katako kuwa ko ya shekara hamsin da sarewa bai daina shan danshin iska yana amayar da shi ba. Idan ya sha sai ya kumbura, idan ya bushe sai ya tsuke, kuma wannan motsi a faɗinsa yake faruwa, tsayinsa kusan ba ya canzawa. Saboda haka ƙyaure mai faɗin ƙafa 3 zai iya ƙaruwa ko raguwa da 'yan milimitoci tsakanin damina da rani ba tare da wani abu ya lalace ba. Amma 'yan milimitoci ba sa sa gindin ƙofa ya tona daɓe, kuma wannan ne abin da ya kamata ya ja hankalinmu tun farko.

Gyare-gyaren da aka yi a baya

Sau uku aka kira kafinta a cikin shekara biyu, kuma mutum uku daban-daban. Na farko ya zo a tsakiyar Agusta, ya ga inda ƙyauren ke gogar firam ta saman gefen makulli, ya cire shi ya sa filen ya fere wurin har ya rufu lami lafiya. Ranar kowa ya ji daɗi, amma abin da aka fere a damina shi ne ya zama ratar da iska ke bi a hunturu. Na biyu ya zo a Janairu saboda makullin ya daina kamawa, sai ya matsar da ƙarfen da harshen kuba ke shiga, ya ƙara faɗaɗa ramin, da ya ga hinjin sama yana lilo kuma sai ya ɗauko ƙusa mai inci 3 ya buga a gurbin sukurorin da suka saki. Na uku ya rage gindin ƙyauren da zarto, ya sake fere gefen. Da aka auna daga baya, an tarar faɗin ƙyauren ya ragu da kusan santimita 2 daga asalinsa.

Ban ga ya dace a ɗora wa waɗannan mutane laifin duka ba. Kowanne cikinsu da muka kira shi, cewa muka yi ya zo ya rage mana ƙofa ko ya daidaita makulli, kuɗin wannan muka yi ciniki, shi kuma abin da aka kira shi ya yi ke nan ya yi. Babu wanda muka tambaya dalilin da ya sa ƙofar da ta shekara da shekaru tana rufuwa daidai ta fara cijewa. Duk da haka, buga ƙusa a hinji aiki ne da bai kamata mai sana'a ya yarda da shi ba, domin ƙusa ba ta da zaren da zai riƙe katako, kuma duk buɗewa da rufewa tana ƙara zaro ta tana faɗaɗa ramin.

Binciken da ya gano cutar

A ƙarshen damina ta biyu wani maƙwabci ya haɗa ni da wani dattijon kafinta da ke aiki a gefen Kasuwar Katako. Da ya zo bai taɓa ƙyauren ba sai da ya gama da firam. Ya fito da zare mai ɗauke da dunƙulen ƙarfe, ya rataya shi daga saman ginshiƙin da hinjis ke jiki, sai ga shi ginshiƙin ya karkata zuwa cikin ƙofar daga sama, tazarar da ke tsakaninsa da zaren ta bambanta da fiye da santimita ɗaya tsakanin sama da ƙasa. Ya auna faɗin ƙofar a wuri uku, sama da tsakiya da ƙasa, ba su zo ɗaya ba. Ya auna daga kusurwar sama ta dama zuwa ta ƙasa ta hagu, ya sake aunawa a gicciye, nan ma aka sami bambanci, alhali firam ɗin da ke kan sukwaya dole waɗannan awo biyu su yi daidai da juna.

Daga nan ya durƙusa ya ɗauki sukundireba ya danna a gindin ginshiƙin, daidai inda ya haɗu da daɓe. Fentin waje yana nan da ƙyallinsa, amma ƙarfen ya shige kamar an soka shi a dafaffen rogo, da ya zaro sai jar ƙasa da ɓurɓushin katako suka zubo, ga gara fari fat tana ta kai-komo a cikin ramin. Ya ɗago ya dubi gwaggo ya ce, "Hajiya, ƙyauren nan lafiyarsa ƙalau, an dai zalunce shi. Ƙafar da yake tsaye a kai ce ta ruɓe."

Bayaninsa mai sauƙi ne da zarar an gani. Gindin ginshiƙin ya lalace har kusan taƙi biyu daga ƙasa, don haka nauyin ƙyauren yana jan sama ya karkato, hinjin sama yana saki, kusurwar ƙyauren ta gefen makulli tana sunkuyawa, samanta ya gogi firam, ƙasanta ya tona daɓe. Abin da ya ruɓar da gindin kuwa abu uku ne suka taru. Tun ranar gini an binne ƙafafun firam ɗin a cikin daɓe ba tare da an shafa musu komai ba, kuma bakin katako inda aka yanke shi yana tsotson ruwa fiye da ko'ina a jikinsa. Kwanon rufi ba shi da magudana, ruwansa yana zuba daidai bakin ƙofar. Sannan shekarun baya da aka yi wa tsakar gida siminti, an ɗaga shi har ya kusa kai dokin ƙofa, gangarensa kuma ya fuskanci falo maimakon kwata. Duk damina ƙafar katakon tana jiƙe wata da watanni, danshi ya tausasa ta, gara ta samu hanya daga ƙasa ta ƙarasa aikin.

Zaɓin da aka yi

An tattauna hanya uku. Za a iya yanke ruɓaɓɓen gindin a dasa sabon guntu, amma dattijon ya ƙi, saboda garar ta haura ta bayan ginshiƙin inda ido ba ya gani, kuma dashe a gefen da ke ɗauke da hinjis ba ya jure nauyi. Za a iya sa firam na ƙarfe, wanda yanzu shi ake yayi a sababbin gine-gine, kuma ni kaina shi na fi karkata gare shi a lokacin, domin gara ba ta cin ƙarfe. Sai dai shi ma yana da nasa sharaɗi: idan ƙarfen siriri ne, ko ba a cika bayansa da kwaɓin siminti ba, yakan lotsa, kuma a wurin da ruwa ke kwanciya tsatsa za ta ci gindinsa kamar yadda gara ta ci na katako. Ga shi kuma hinjis ɗinsa da walda ake liƙa su, ba a iya matsar da su don su dace da tsohon ƙyaure. Gwaggo kuwa ta ce ita dai a bar mata ƙyaurenta, marigayi ne ya sa aka yi shi. A kan haka aka tsaya ga sabon firam na katako, tare da sharaɗin da dattijon ya kafa, cewa ba zai kafa shi ba sai an yarda za a gyara hanyar ruwa.

A Kasuwar Katako na ga bambancin da ke tsakanin sayen katako da zaɓen katako. Afara da obeche da malaina suna da sauƙin kuɗi da sauƙin aiki, amma bai ko tsaya a kansu ba, domin ba su da juriyar da ake bukata a ƙofar da ke fuskantar ruwa. Tsakanin loko da maɗaci ya tsaya, ya zaɓi loko mai kauri inci 2 da faɗi inci 6, saboda zuciyarsa tana da ƙarfin jure gara da ruɓa. Ya riƙa juya kowane falanki yana ware masu farin gefe, domin wannan farin ɓangare na kusa da ɓawo shi ne abincin ƙwari ko da a itace mai daraja. Yana ɗaga katako ya ji nauyinsa, ya kanga ido a tsayinsa ya ga ko ya murɗe, ya ɗora tafin hannu ya ji ko yana da sanyin danshi. Duk da haka bai amince cewa ya gama bushewa ba. Aka kai shi zauren gidan a watan Oktoba, aka jera shi a inuwa, an sa 'yan sanduna a tsakanin falankan don iska ta ratsa, aka ɗora bulo a sama don kada ya lanƙwashe, aka bar shi mako shida. Gwaggo ta ƙosa, ni ma haka, amma firam ɗin da aka haɗa da ɗanyen katako zai tsuke ya murɗe a cikin bango, ya ja da baya daga filasta, a koma gidan jiya.

Yadda aka gudanar da aikin

A farkon Disamba aka fara. An goge katakon, aka fitar da gurbin da ƙyaure ke kwanciya a ciki mai zurfin rabin inci, aka haɗa ginshiƙai biyu da na sama da haɗin harshe da rami, aka sa gam aka matse. An gicciya siririn katako a kusurwoyin sama, aka buga wani a ƙasa tsakanin ginshiƙan, domin firam ya riƙe sukwayarsa har a gama kafa shi. Bayansa da zai manne da bango an shafe shi da Solignum, maganin da ke kare katako daga gara da ruɓa, sau biyu, ƙafafun kuma an tsoma su a cikin gwangwani sun kwana suna sha. Na tambaye shi game da baƙin man mota da mutane da yawa ke shafawa, ya ce yana ɓata katako da dauɗa, fenti ba ya kama wurin da ya taɓa, kuma ba abin dogaro ba ne a gaban gara. Shi ma ƙyauren an yi masa magani: aka manna masa siririn katako a gefen makulli don mayar da abin da aka fere, aka toshe tsofaffin ramukan ƙusa da 'yan turakun katako da gam.

Cire tsohon firam bai ɗauki lokaci ba. An yanka kowane ginshiƙi a tsakiya da zarto aka ɓanɓaro shi zuwa ciki don kada filasta ta farfashe, sai aka tarar abin da ke riƙe da shi a bango ƙusoshi ne guda biyu kacal a kowane gefe, sun yi tsatsa. Linta, wato abin da ke ɗauke da bangon saman ƙofa, tana nan lafiya, babu tsaga. An tone ƙasar da ke gindin ƙofar aka zuba maganin gara, bayan an kawar da yara da kaji, an kuma tabbatar wurin yana nesa da rijiya.

Abin da ya fi muhimmanci a dukan aikin shi ne sabon firam bai taɓa ƙasa ba. Birkila ya zuba ɗan tudun kankare mai tsayin santimita 5 a ƙarƙashin kowane ginshiƙi, da guntun rodi a tsaye a tsakiyarsa, aka huda gindin katakon ya zauna a kan rodin, da shimfiɗar leda mai kauri tsakaninsa da kankaren. A bayan kowane ginshiƙi an ɗaura ƙarfe mai faɗi guda uku da sukuru, sama da tsakiya da ƙasa, waɗanda za su shige ramukan da aka fafe a bulo. Sai aka ɗaga firam aka tsayar, aka riƙe shi da weji, wato 'yan guntayen katako masu tsini da ake cusawa a gefe. A nan dattijon ya ɓata kusan awa guda, yana ɗora filam, wato abin auna miƙewa, a fuskar ginshiƙin hinjis, ya mayar da shi gefensa, ya ɗan buga weji, ya sake dubawa, domin ginshiƙi zai iya miƙewa ta gefe guda ya karkata ta ɗayan, kuma ƙofar da aka rataya a irin wannan ita ce wadda ke buɗe kanta ko ta rufe kanta ba tare da an taɓa ta ba. Sai da wannan gefe ya zauna sannan ya daidaita na makulli da shi, ya ja zare biyu a gicciye daga kusurwa zuwa kusurwa ya ga sun taɓa juna a tsakiya ba tare da ɗaya ya danne ɗaya ba, alamar firam ɗin bai murɗe ba. Daga nan aka cika ramukan da kwaɓi mai ƙarfi, siminti kashi ɗaya yashi kashi uku.

Kwana uku aka bari ana yayyafa wa kwaɓin ruwa kafin a rataya ƙyaure, aka toshe ƙofar da falankin filawud da bargo. Na roƙe shi a rage kwanakin saboda sanyi, ya ce, "Ɗana, in na rataya mata nauyin nan yau, simintin bai kama ba, da hannuna zan karkatar da abin da na wuni ina miƙarwa."

Hinjis biyu ne a tsohon aikin, yanzu aka sa uku masu inci 4, na sama inci 6 daga kai, na ƙasa inci 9 daga gindi, na uku a tsakaninsu. An fafe wa kowanne gurbi daidai kaurinsa don ya kwanta ya yi daidai da fuskar katako, aka fara huda siririn rami kafin a ɗaura kowane sukuru, domin loko yana da tauri, idan aka tilasta masa sukuru ba rami ko dai ya tsage ko kan sukurun ya karye. Ratar da aka bari tsakanin ƙyaure da firam ita ce wurin da lissafin yanayi ya shigo. A ƙa'ida milimita 3 ake bari, amma da yake a tsakiyar hunturu ake aikin, lokacin da katako ya tsuke iyakar tsukewarsa, sai ya bar kusan milimita 5 a gefen makulli don kumburin damina ya sami wurin zama, ya kuma ɗan karkata bakin gefen kaɗan don kada ya ci karo da firam wajen rufewa. A ƙasa ya bar santimita ɗaya. Iska ba ta samun hanya duk da wannan rata, saboda ƙyauren yana kwanciya a kan leɓen gurbin da aka fitar.

Kuba sabuwa aka sa, irin wadda ake binnewa a cikin kaurin ƙyaure, mariƙinta a tsayin kusan mita ɗaya daga ƙasa. Don gano inda ramin harshe zai kasance, ya shafa alli a bakin harshen, ya rufe ƙofar ya murɗa makulli, allin ya bar shaida a jikin firam, ya fafe daidai wurin ba ƙari. An ƙara sakata biyu ta ciki, sama da ƙasa, da ɗan tokari a daɓe don kada iska ta riƙa maka ƙyauren da bango tana girgiza hinjis. Ya gargaɗi gwaggo kada a ɗiga man gyaɗa ko manja a makulli kamar yadda aka saba, domin yana kama ƙurar hunturu ya daskare, ya ce a goga bakin fensir a jikin ɗan makulli ya isa. Kafin a rataya ƙyauren na ƙarshe an yi masa fenti ta kowace fuska, har da samansa da gindinsa, wuraren da masu fenti suka fi tsallakewa alhali ta nan ruwa ke shiga.

Birkila ya fasa simintin tsakar gida na faɗin taku biyu daga bakin ƙofa, ya sake zuba shi ƙasa da dokin ƙofa da gangare zuwa kwata, aka kuma sa wa kwano magudana mai kai ruwa cikin randa a can gefe.

Abin da ya biyo baya

Damina ta farko ita ce jarrabawar. A watan Agusta ratar gefen makulli ta tsuke har ta kusa rufewa, an kuma ga ɗan goge a fenti kusa da kuba, amma ƙaramar jikar gwaggo tana rufe ƙofar da hannu ɗaya, makulli yana kamawa, gindin firam kuma a bushe yake ko bayan ruwa mai ƙarfi. Da hunturu ya dawo an sami siririyar tsaga kamar zare tsakanin firam da filasta a gefe guda, alamar katakon ya ƙara tsukewa kaɗan duk da makonnin da ya yi a zaure, aka cike ta aka shafa fenti. Mariƙin kubar ne kawai ya ba da kunya, kuma ni na saye shi, na zaɓi mai araha saɓanin wanda dattijon ya nuna mini. Cikin wata biyar ya saki ya daina komawa mazauninsa, dole aka sake sayen wani.

Bayan wannan na bi sauran ƙofofin gidan da sukundireba ina danna gindin kowane firam. Na ɗakunan kwana suna da ƙarfinsu, amma na banɗaki ya fara laushi ta gefen da ruwan wanka ke fantsama. Ba a taɓa ƙyaurensa da filen ba. An sayo katakonsa, yana jere a zaure da sanduna a tsakani, za a kafa shi idan ruwa ya ɗauke.